Babi na Shida: Wang Bing, Mai Kyamarar da Ba Ya Gaggawa

A arewa maso gabashin ƙasar Sin, cikin lardin Liaoning, akwai birnin Shenyang. Yamma da layin dogon da ya ratsa birnin akwai gundumar Tiexi. Japanawa ne suka fara cika wurin da masana'antu a shekarun 1930, lokacin da suke riƙe da yankin Manchuria. Bayan 'yan gurguzu sun karɓi mulki a 1949, Tarayyar Sobiyet ta taimaka da injuna da ƙwararru, wurin ya bunƙasa har ya zama abin tinƙaho ga ƙasa baki ɗaya. A wancan zamani, wanda ya samu aiki a Tiexi kakarsa ta yanke saƙa. Gwamnati ce uwa, ita ce uba: gidan da yake kwana nata ne, asibitin nata ne, makarantar 'ya'yansa tata ce, in ya tsufa kuma fansho na jiransa. Ana nan sai shekarun 1990 suka kawo sauyi. Gwamnati ta karkata akalar tattalin arziki zuwa kasuwa, ta ce ta gaji da ɗaukar nauyin kamfanonin da ba sa kawo riba. Miliyoyin ma'aikata a faɗin ƙasar aka sallama, Tiexi kuwa tana cikin wuraren da abin ya fi yi wa illa.

A ƙarshen 1999 wani mutum ɗan shekara 32 ya fara zirga-zirga cikin waɗannan masana'antu da wata 'yar ƙaramar kyamarar bidiyo a hannu. Ba shi da takardar izini daga hukuma, ba shi da mai riƙe masa fitila ko mai ɗaukar sauti, babu kuma kamfanin da ya aiko shi. Sunansa Wang Bing. Ya ci gaba da zuwa har 2001, ya tara hoton da ya kai kimanin awa 300. Daga ciki ya fitar da fim mai suna Tiexi Qu, wanda Turawa suka sani da West of the Tracks. Tsawonsa minti 551 ne, wato awa tara da 'yan mintuna.

An haifi Wang Bing a 1967 a lardin Shaanxi, ya yi wani ɓangare na ƙuruciyarsa a ƙauye. Yana da shekara 14 mahaifinsa ya rasu. A tsarin lokacin, ɗa yana iya gadon gurbin aikin ubansa a ma'aikatar gwamnati, don haka yaron ya shiga aiki a wata ma'aikatar tsara gine-gine a birnin Xi'an, yana tallafa wa gidansu da albashinsa. Ya daɗe a can kafin ya samu shiga Kwalejin Fasaha ta Lu Xun da ke Shenyang a farkon shekarun 1990, inda ya karanci ɗaukar hoto, daga bisani ya wuce Kwalejin Fim ta Beijing. Abu biyu ya kamata mai karatu ya riƙe daga wannan tarihi. Mutumin ya ci abinci da albashin ƙaramin ma'aikaci tun bai gama girma ba, saboda haka ɗakin hutun leburori ba baƙon wuri ba ne a gare shi. Sannan idonsa na mai ɗaukar hoto ne kafin ya zama na mai fim, ya saba tsayawa wuri guda yana jiran haske.

Tiexi Qu kashi uku ne. Yana buɗewa da kyamara a goshin jirgin ƙasa, jirgin yana kutsawa a hankali tsakanin masana'antu cikin dusar ƙanƙara, minti bayan minti, babu mai cewa uffan. Kashi na farko, mai awa huɗu, sunansa Tsatsa, kuma yana cikin masana'antu uku: ta narka ƙarfe, ta wayar lantarki, da ta fallayen ƙarfe. Wanda ya zo yana tsammanin ganin jaruman ma'aikata irin na hotunan farfaganda zai sha mamaki. Yawancin lokacin ana ɗakin hutu ne. Mutane suna karta, suna cin abinci daga kwanon ƙarfe, suna zagin juna kan bashi, suna wucewa tsirara zuwa wurin wanka cikin tururi, suna lissafin albashin watannin da ba a biya su ba. Akwai wurin da wani ma'aikaci yake kishingiɗe kan benci yana ba da labarin rayuwarsa, yadda karatu ya gagare shi, yadda ya tsinci kansa a nan. Bai san abin da ke tafe ba, mai kyamarar ma bai sani ba. Can sai wani ya shigo da labarin cewa an rufe masana'antar. Babu marubucin da zai tsara wannan a yarda da shi. An same shi ne domin akwai mutumin da ya yarda ya zauna a ɗakin nan watanni ba tare da ya san abin da yake jira ba.

Daga nan fim ɗin ya bi ma'aikatan narka ƙarfe zuwa wani asibiti a bayan gari, inda ake yi musu maganin gubar dalma da ta taru a jininsu. Wannan ne zuwansu na ƙarshe a kuɗin kamfani. Suna zaune, suna kallon talabijin, suna waƙa, lokaci ya ƙi tafiya. Ɗaya daga cikinsu ya je kamun kifi a wani tafki ya nutse.

Kashi na biyu ya koma unguwar ma'aikata da aka yanke shawarar rushewa. Samari da 'yan mata suna ta soyayyarsu da shiriritarsu a shagon unguwa, iyaye suna ta gardama kan girman ɗakin da za a ba su a sabon wuri, har aka yanke wa waɗanda suka ƙi tashi wutar lantarki a tsakiyar hunturu. Kashi na uku na ma'aikatan jirgin ƙasa ne, amma wanda ya mamaye shi wani dattijo ne mai ido ɗaya da yake tsintar kwal a gefen layin dogo, shi da ɗansa matashi, a wata 'yar bukka. An kama uban an tsare shi kwanaki. Yaron ya zauna shi kaɗai yana nuna wa kyamara tsofaffin hotunan gidansu, har da na mahaifiyarsa da ta tafi ta bar su, agogon bango yana bugawa, hawaye suna zubo masa. Da aka saki uban suka je cin abinci, yaron ya sha ya bugu, ya yi kuka, ya yi faɗa, ya zube ƙasa. Tsohon ya goya shi a baya zuwa gida.

A cikin awa taran nan babu muryar mai sharhi da za ta gaya maka abin da za ka ji a ranka. Babu kiɗan da aka ɗora don a matso maka hawaye. Babu masanin tattalin arziki zaune gaban kantar littattafai yana bayani. Wannan shi ne salon da ake kira fim na lura: ka je, ka zauna, ka kalla, kada ka ce wa kowa ya maimaita abin da ya yi. Ba Wang Bing ya ƙirƙiro shi ba, Frederick Wiseman a Amurka ya fara yin irinsa tun shekarun 1960. Abin da Wang ya ƙara shi ne jikinsa. Kyamarar tana hannunsa, yana bin bayan mutum ta lungu da matattakala, kana jin takunsa, wani lokaci har numfashinsa. Ba ka taɓa mantawa cewa wani ɗan Adam ne ya taka ƙafa ya je wurin.

Tambayar da kowa yake yi ita ce: me ya sa sai awa tara? Ni a ganina tsawon shi ne gaskiyar lamarin. Masana'anta ba ta mutuwa rana ɗaya. Tana mutuwa ne da jinkirin albashi, da injin da ya lalace aka ƙi gyarawa, da jita-jita, da zaman jiran da ba a san ƙarshensa ba. Rahoton minti uku zai ba ka adadin waɗanda suka rasa aiki, amma ba zai sa ka ɗanɗani zaman jiran ba, alhali zaman jiran shi ne abin da mutanen suka sha. Duk wanda ya san Kakuri a Kaduna lokacin da masaƙu ke aiki dare da rana, ya kuma ga yadda ta koma bayan an rufe masaƙar KTL a 2002 sauran suka bi baya, ba ya buƙatar a fassara masa fuskokin mutanen Tiexi. Abin da ya kamata mu lura da shi ma, a daidai shekarun da atamfar Sin mai araha take cika Kantin Kwari tana durƙusar da masaƙunmu, su ma can nasu tsofaffin ma'aikatan suna zaune a gida ba aiki. Mu dai labarin kayan ya iso mana, na mutanen bai iso ba.

Fim ɗin ya ci manyan kyaututtuka a 2003 a bikin Marseille na Faransa da na Yamagata a Japan, kuma har yau masana fim suna lissafa shi cikin manyan fina-finan gaskiya na wannan ƙarni. A gida kuwa bai shiga sinima ba. A ƙasar Sin fim ba ya zuwa kasuwa sai ya bi ta hannun hukumar tace fina-finai ya samu hatiminta. Wang Bing ba ya kai aikinsa can. Abin da 'yancin kai yake nufi a wurinsa ke nan, kuma yana da tsada: babu kuɗin gwamnati, babu kuɗin tikiti daga ƙasa mai mutum fiye da biliyan ɗaya. Kuɗin aikinsa yawanci daga Turai yake fitowa, musamman Faransa, daga asusun tallafa wa fim da bukukuwa da gidajen baje kolin fasaha. 'Yan ƙasarsa da suka ga fina-finansa, galibi ta faifan satar fasaha ko ta intanet suka gan su.

Aikin da ya fi cin shekarunsa shi ne na sansanin Jiabiangou. A 1956 da farkon 1957 Mao Zedong ya gayyaci masu ilimi su faɗi kurakuran jam'iyya. Da suka faɗa, sai aka juya musu. Mutum fiye da 500,000 aka yi wa tambarin 'yan ra'ayin dama, aka kori wasu daga aiki, aka tura wasu aikin horo. Jiabiangou yana lardin Gansu, a bakin hamadar Gobi. Kimanin mutum 3,000 aka kai can daga 1957, malamai da 'yan jarida da ƙananan jami'ai, sai babbar yunwar da ta biyo bayan shirin Mao na zaburar da tattalin arziki ta riske su a tsare. Kafin a rufe wurin a 1961 aƙalla rabinsu sun mutu, akasari da yunwa.

Wang Bing ya shiga neman waɗanda suka tsira tun 2005. Fim na farko da ya fito daga wannan nema shi ne na He Fengming a 2007, tsohuwar 'yar jarida wadda mijinta ya mutu a sansanin, ita ma kuma ta yi nata zaman horon a wani wurin. Awa uku tana zaune a kujerar falonta tana magana, kyamara na fuskantarta ba ta motsi. Rana ta faɗi, ɗakin ya yi duhu har fuskarta ta kusa ɓacewa, ita ba ta tsaya ba, shi bai katse ta ba, sai can ya roƙe ta ta kunna fitila. Wani zai ce wannan ai ba fim ba ne, hira ce kawai. To amma mace ce da ta ɗauki kusan shekara hamsin da wannan labari a ƙirji, ga shi an samu wanda ya ba ta wuri ta faɗe shi daga farko har ƙarshe a tsarin da ta ga dama. A 2010 ya fitar da The Ditch, dogon fim ɗinsa na 'yan wasa game da sansanin, wanda ya ɗauka a ɓoye cikin hamada. Sannan a 2018 aka nuna Dead Souls a bikin Cannes, awa takwas da kwata, wanda aka tsamo daga hira da mutum kimanin 120 da hoton awa 600. Tsofaffi ne a ɗakunansu suna bayanin yadda suka rayu: wane ya samu aiki a kicin, wane ya saci iri, wane ya gudu. Bayan wasu hirarrakin sai rubutu ya fito yana faɗin ranar da mai maganar ya rasu. A wani wuri Wang yana tafiya da kyamara a filin Mingshui, inda aka kwashe fursunonin aka kai a 1960, ga ƙasusuwan mutane a warwatse a kan rairayi, ba kabari, ba alama. Da ya jinkirta shekara goma, da babu sauran wanda zai tambaya.

Ɗaya ɓangaren aikinsa ba na sinima ba ne, na zauren baje kolin fasaha ne, inda ake haska hoto a bango mutane suna shiga suna fita yadda suka so. Crude Oil, da aka nuna a Rotterdam a 2008, awa 14 ne na ma'aikatan haƙar mai a wani fili mai nisa a yammacin ƙasar: aikinsu, barcinsu, hirarsu. Man with No Name yana bin wani mutum da yake zaune shi kaɗai a wani rami a bayan gari, yana noma ɗan abin da zai ci, daga farko har ƙarshe bai furta kalma ba. A 2017 babban baje kolin documenta, wanda ake yi a birnin Kassel na Jamus duk shekara biyar, ya nuna 15 Hours, yinin aiki guda a shagon ɗinki, tsawon fim ɗin daidai da tsawon yinin. Babu mai tsammanin ka zauna ka gama shi. Za ka gaji ka fita ka ci abinci ka dawo, ka tarar har yanzu suna kan keke. Cibiyar Pompidou a Paris ta yi baje kolin ayyukansa a 2014, har da hotunan da ya ɗauka da kyamarar hoto, zauren Le Bal ma ya yi nasa a 2021.

Akwai inda nake tsayawa in yi jim game da aikin mutumin nan, kuma bai kamata a tsallake shi ba. A 2013 ya fitar da fim na kusan awa huɗu da ya ɗauka a wani asibitin masu taɓin hankali a lardin Yunnan, inda maza suke kulle a bene guda, suna zagaya baranda mai shingen ƙarfe, wasu shekara da shekaru. An ga tsiraicinsu, an ga inda suke biyan buƙata. A 2017 kuma Mrs. Fang ya ci babbar kyautar bikin Locarno. Wata tsohuwa ce mai cutar mantuwa a wani ƙauye kusa da Huzhou, tana kwance a kwanakinta na ƙarshe, baki buɗe, ba ta magana, kyamara ta tsaya a kan fuskarta tsawon lokaci, dangi suna kewaye suna hirarsu suna lissafin jana'iza, mazan gidan suna fita kamun kifi da dare. Iyalinta sun yarda a ɗauka. Ita fa? Mu da muka taso a kan cewa majinyaci da mamaci sutura ce haƙƙinsu na farko, wannan kallo yana da nauyi ƙwarai a gare mu, kuma ban ga dalilin da zai sa mu ji kunyar faɗin haka ba. Na yarda cewa babu wulaƙanci a idon Wang Bing. A asibitin nan ya nuna mutane biyu suna raba bargo, ya nuna mai lallashin ɗan'uwansa, ya mayar da waɗanda aka jefar aka manta su zama mutane masu suna. Duk da haka, wanda ba ya cikin hankalinsa ba ya iya cewa a'a, kuma waɗanda suka kalli fuskar tsohuwar nan a Locarno ba maƙwabtanta ba ne. Hukuncina shi ne fim ɗin asibitin ya cancanci a yi shi, domin ya tona halin da ake ɓoyewa, kuma ɓoyewar ta fi cutar da mutanen. Na tsohuwar kuwa, da ni ne da na sauke kyamara tun kafin inda ya sauke.

Daga baya aikinsa ya koma wajen matasa. Garin Zhili a lardin Zhejiang cibiyar ɗinkin kayan yara ce, mai ƙananan shaguna kusan 18,000 da 'yan ci-rani kimanin 300,000, da yawansu daga ƙauyukan Anhui da Yunnan. Daga 2014 zuwa 2019 Wang ya zauna cikinsu, ya tara hoton awa 2,600, ya fitar da fim uku a ƙarƙashin sunan Youth: na farko ya shiga gasar Cannes a 2023, sauran biyun aka nuna su a Locarno da Venice a 2024. Yara ne 'yan shekara goma sha bakwai zuwa ashirin da 'yan kai. Suna hawa keke da ƙarfe takwas na safe su sauka sha ɗaya na dare, su hau bene su kwanta a ɗakunan da mai shago ya ba su. Ba albashi ake biyansu ba, kuɗin kowace riga ko wando ake lissafawa, don haka hannuwansu suna gudu har ka ɗauka an ƙara wa hoton sauri, alhali ba a taɓa shi ba. Wuraren da suka fi tsaya mini a rai su ne na ciniki: ma'aikata sun taru sun tunkari mai shago da samfurin kaya a hannu, ana ja-in-ja kan ƙarin da bai taka kara ya karya ba a kan kowane ɗinki, domin in an ninka shi sau dubbai shi ne kuɗin aure ko na ginin ɗaki a ƙauye. A tsakanin haka suna wasa, suna zolayar juna, suna soyayya, waƙa tana tashi daga waya. Iyayen Tiexi sun rasa aikin da aka yi musu alkawarin cewa na har abada ne. Waɗannan ba wanda ya yi musu alkawarin kome, in mai shago ya gudu da kuɗinsu, kamar yadda ya faru a fim na biyu, sai dai su nemi wani shagon.

Mai karatun da yake son ya gwada kallon aikin Wang Bing kada ya fara da mai awa tara. Ya nemi Three Sisters na 2012, wanda ya ci kyautar sashen Orizzonti a Venice. Awa biyu da rabi ne, a wani ƙauye na Yunnan mai tsayin mita 3,200 a kan duwatsu, inda 'yan mata uku, masu shekara goma da shida da huɗu, suke zaune uwa ta tafi, uba yana ci-rani. Babbar ce take dafa dankali, ta kiwata tumaki, ta tsinci kashin dabbobi na hura wuta, ta cire wa ƙannenta ƙwarƙwata. A kashe waya, a zauna a kalle shi a zama ɗaya, kada a tura shi gaba.